Mun sasanta kan kuɗin kwangila, shin in janye ɗaukaka ƙarar da na shigar?

Tambaya: "Assalamu alaikum Barista. Ni ɗan kwangilar gine-gine ne a Daura. Shekarun baya na karɓi siminti da rodi bashi a wajen wani dila a Katsina, sai muka samu saɓani kan lissafi, ni ina cewa akwai lodi biyu da ba su iso ba, shi yana cewa sun iso. Ya kai ni Babbar Kotu, aka yanke in biya shi naira miliyan 18 da kuɗin ruwa. Lauyana ya ɗaukaka ƙara, har an kai kundin shari'ar Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Kaduna an ba mu lamba. Ana cikin haka aka riƙe mini asusun banki ɗaya. Yanzu manya sun shiga tsakani, limamin unguwarmu da wani surukinsa, an zauna an daidaita a kan miliyan 11, zan biya kashi uku, ya yafe sauran. Na riga na tura miliyan 4. Ya ce in je in janye ƙarar Kaduna tunda an yi sulhu, lauyana kuma ya ce in dakata. Ni dai gani nake kamar lauyan ba ya son shari'ar ta ƙare. Yaya ake janyewa, kuma akwai illa idan na janye yanzu?"

Wa'alaikumus salam Alhaji. Allah ya saka wa liman da surukin nan da alheri, don sun yi muku a zama ɗaya abin da kotu kan kwashe shekaru ba ta gama ba. Tambayarka kashi biyu ce: yadda ake janyewa, da kuma ko lokacin janyewar ya yi. Kashin farko ba shi da wuya, takarda ce da ba ta wuce shafi ɗaya ba. Na biyun ne ke da nauyi, kuma a kansa ina bayan lauyanka. Kada ka janye yanzu. Sulhunku na miliyan 11 a zaure aka yi shi, da baki. Hukuncin miliyan 18 kuwa yana nan a rubuce da sa hannun alƙali, kuma har yau shi kaɗai kotu ta sani.

Abin da janyewa take yi wa hukuncin farko

Mutane da yawa suna ɗauka cewa da zarar an ɗaukaka ƙara hukuncin farko ya tsaya cik, in an janye kuma shi ke nan magana ta mutu gaba ɗaya. Ba haka abin yake ba. Hukuncin Babbar Kotu yana da ƙarfinsa tun ranar da aka karanta shi, kuma ƙarfin ba ya raguwa har sai kotun da ke sama ta rushe shi. Sashe na 17 na Dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara ya faɗa ƙarara cewa ɗaukaka ƙara ita kaɗai ba ta hana a zartar da hukunci, sai an roƙi umarnin dakatarwa daban kuma an samu. Abin da ya sa ke nan aka iya riƙe maka asusu alhali ƙararka tana Kaduna.

Maganar janyewa tana cikin Oda ta 11 ta dokokin aikin Kotun Ɗaukaka Ƙara, waɗanda aka sabunta a 2021. Mai ɗaukaka ƙara yana da damar shigar da sanarwa a ofishin rajistara kafin a kira ƙarar don sauraro, ya ce ba zai ci gaba da ita ba, a kai wa ɗaya ɓangaren kwafi. Idan duka ɓangarorin sun yarda sun sa hannu, ko su ko lauyoyinsu, ana iya cire ƙarar daga jerin shari'o'i ba tare da an yi zama a kanta ba, kuɗin ajiyar da mai ɗaukaka ƙara ya bayar saboda ɗawainiyar shari'a kuma a mayar masa. Idan ɗaya ɓangaren bai sa hannu ba, ƙarar kan zauna a jeri har a kira ta a yi maganar kuɗin ɗawainiya da duk wani abin da ya rage.

Wurin da ƙaya take shi ne matsayin ƙarar bayan an janye ta. Doka tana ɗaukar ta kamar wadda kotu ta kora. Akwai bambanci babba tsakanin ƙarar da aka share daga jeri saboda wani kuskuren takarda ko rashin halartar lauya, wadda ana iya roƙo a dawo da ita, da wadda aka kora. Korarriya ba ta dawowa. Kotun Ƙoli ta yi wannan magana tun 1986 a shari'ar Ezomo da Babban Lauyan tsohuwar jihar Bendel, inda ɓangaren gwamnati ya shigar da takardar janyewa, daga baya ya so ya koma ya ci gaba, aka ce bakin alƙalami ya bushe. In gwamnatin jiha ba ta samu hanyar komawa ba, ka san ɗan kwangila daga Daura ba zai samu ba.

To ka duba yadda za ku kasance washegarin ranar da ka janye. Shi dilan yana riƙe da hukuncin miliyan 18 wanda babu mai ƙalubalantarsa kuma har abada. In aka cire miliyan 4 da ka tura, a takarda yana bin ka miliyan 14, ba miliyan 7 ba. Ga kuɗin ruwa, wanda in kashi 10 cikin 100 ne a shekara kamar yadda Manyan Kotuna suka saba sawa, ya kai miliyan 1.8 duk shekara a kan asalin kuɗin. Maganarka ta lodi biyun da ba su iso ba, wadda ita ce ta kai ka Kaduna, ta tafi ke nan ko da kana da gaskiya. Kai kuma abin da ke hannunka alkawarin baki ne da shaidu.

Sulhun zaure a idon kotu

Kada ka fahimce ni da cewa sulhun da kuka yi banza ne. Kotu tana girmama sulhu. A shari'ar Abey da Alex ta 1999 Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa masu shari'a suna da ikon sasanta rigimarsu a kowane mataki, bisa sharuɗɗan da suka yarda da su. Saboda haka in mutumin ya juya baya ya nemi miliyan 18, lauyanka zai iya garzayawa kotu ya ce an yi sulhu, a hana shi. Amma kai ne za ka kawo hujja, kuma galibi lokacin da za a saurare ka ma'aikatan kotu sun riga sun zo sun rubuta tifarka da injin kwaɓa siminti don gwanjo. Ka baro shari'a ɗaya ka faɗa sabuwa, an gudu ba a tsira ba.

Akwai kuma wata tsohuwar ƙa'ida da muka gada daga dokar Ingila, wadda lauyan ɗaya ɓangaren ba zai rasa tunawa da ita ba. Ƙa'idar ta ce in ana bin ka kuɗi tabbatattu, biyan wani ɓangare shi kaɗai ba ya sauke maka sauran ko da mai bashin ya ce ya yafe, sai in ka ba shi wani abu a madadin yafewar, ko an rubuta yafewar a takardar yarjejeniya mai hatimi. A naka batun akwai abin da kake bayarwa, wato haƙƙinka na ci gaba da ɗaukaka ƙara. Shi ne kuɗin da kake sayen rangwamen miliyan 7 da shi. Shi ya sa dole a rubuta ɓaro-ɓaro cewa ya rage kuɗin ne saboda kai ma ka bar ƙararka. In ka riga ka janye kafin a rubuta, ka ba da hajarka ba a yi ciniki ba.

Na san abin da za ka ce: Alhaji wane mutum ne mai magana ɗaya, a gaban liman ya faɗa, ba zai canza ba. Mai yiwuwa haka ne, kuma yawancin 'yan kasuwarmu haka suke. Amma ba cin amana kaɗai nake jiye maka ba. Wani ɗan kasuwar hatsi daga yankin Mai'aduwa ya taɓa zuwa ofishina da irin wannan. Sun yi sulhu da mai bin sa, ya janye ƙara, ya riƙa aika yaronsa da kuɗi a hannu ranar kasuwa, mai bashin kuma bai taɓa tada maganar tsohon hukunci ba har Allah ya yi masa rasuwa. Ranar da magada suka buɗe akwatinsa don lissafin gado, sai ga kwafin hukuncin kotu a cikin takardun gonaki da filaye. Suka sa shi cikin basukan da mamaci ke bi, cif yadda alƙali ya rubuta. Babban ɗan ya ce shi bai musa an yi sulhu ba, amma akwai marayu ƙanana cikin magada, ba shi da ikon yafe haƙƙinsu a kan maganar da bai ji da kunnensa ba. Cikin shaidun zaman, ɗaya ya rasu, ɗaya ya tuna adadi daban da wanda mutumina ke faɗa. Abin da ya ajiye mini a kan tebur ɗan littafin aljihu ne da ya sha maiƙo, an rubuta ranaku da adadin kuɗi da ajami, babu sa hannun kowa. Babu maƙaryaci ko ɗaya a cikinsu. Daga ƙarshe sai da aka sake sabon sulhu a kan kuɗin da ya fi na farko. Ka kuma sani cewa dokar zartar da hukunci ta ba mai hukunci shekara shida yana iya neman a kama dukiyar wanda yake bi ba tare da neman izini na musamman ba, bayan haka ma yana iya roƙon izini. Shekara shida tana da yawa a rayuwar ɗan Adam.

In kana jin nauyin cewa a rubuta, kamar ka nuna ba ka yarda da manyan da suka zauna ba, to addini ya sauƙaƙa maka. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, umarni ce da a rubuta bashi a kafa shaidu. Rangwamen da aka yi maka shi ma yana da asali: lokacin da Ka'abu ɗan Malik ya matsa wa Ibn Abi Hadrad kan bashi a masallaci, Manzon Allah (SAW) ya yi masa nuni da ya yafe rabi, ya yarda, sannan ya ce wa wanda ake bi ya tashi ya biya. Liman ya fi ni sanin wannan, kuma ina da yaƙinin in ka kai masa maganar rubutu shi zai fara goyon baya.

Hanyar da na fi ba mutane shawara

A mayar da sulhun ya zama hukuncin kotu. Lauyoyinku biyu su zauna su rubuta sharuɗɗan sulhu, ku sa hannu, a shigar da takardar a Kotun Ɗaukaka Ƙara a ƙarƙashin lambar ƙararku. Ranar da aka kira shari'ar, lauyoyin su tashi su shaida wa alƙalai cewa an sasanta, su roƙi a karɓi sharuɗɗan a matsayin hukuncin kotu bisa yardar ɓangarorin biyu. Zaman ba ya ɗaukar lokaci, kuma alƙalai suna maraba da shi, don dokokin kotun kansu sun tanadi shirin sasanci a Oda ta 16. Da zarar an yi haka, miliyan 11 ta maye gurbin miliyan 18 a kundin kotu. Duk wanda ya zo daga baya, ɗa ne ko lauya ko banki, abin da zai gani ke nan. Ƙarar kuma ta ƙare da kanta, ba sai ka shigar da wata takardar janyewa tsurarta ba. Tunda an riga an kai kundinku Kaduna an ba ku lamba, can ne za a yi wannan. Babbar Kotu ta gama nata aikin a kan asalin rigimar tun ranar da ta yanke hukunci, ba za ta koma ta sauya adadin da ta faɗa ba.

Hukuncin yarda yana da ƙarfi ta ɓangarorin biyu, don haka ka karanta da kyau kafin ka sa hannu. Tun shari'ar Woluchem da Wokoma a 1974 Kotun Ƙoli ta ce sharaɗinsa shi ne ɓangarorin su haɗu a kan magana ɗaya, da son ransu, a kuma shigar da sharuɗɗan gaban kotu. In an cika wannan, warware shi sai an tabbatar da zamba ko yaudara ko babban kuskure. Kundin Tsarin Mulki na 1999 ma, a sashe na 241(2)(c), ya hana ɗaukaka ƙara kan hukuncin yarda na Babbar Kotu sai da izini. Wannan ya nuna maka yadda doka ke kallon wanda ya ce ya yarda sannan ya dawo yana cewa bai fahimta ba.

Abin da za a rubuta a ciki shi ne ainihin aikin, kuma nan ne ake gane lauyan da ya san abin da yake yi. A faɗi cewa miliyan 11 ita ce cikakken biya na ƙarshe a kan hukuncin, da lambar shari'ar da ranar da aka yanke shi, da duk wani abin da ya taso daga cinikin simintin da rodin. A ambaci kuɗin ruwa da sunansa a ce an yafe. Mutanenmu da yawa a zaman sulhu za su ce "ni ba na cin riba", kowa ya yi kabbara, amma kuɗin ruwan yana nan cikin hukunci, in ba a rubuta an yafe shi ba da sauran rina a kaba. A rubuta cewa ya karɓi miliyan 4, da ranar da aka tura da bankin da ta shiga. A sa ranakun sauran biya biyun da lambar asusun da za a riƙa turawa. A ce kowa ya ɗauki nauyin lauyansa da ɗawainiyarsa. A bincika ko shi ma ya shigar da tasa ɗaukaka ƙarar, misali in Babbar Kotu ta hana shi wani ɓangare na abin da ya nema, domin irin wannan ƙarar tana tsayawa da ƙafarta ko da taka ta tafi. In akwai, a haɗa ta cikin sulhun.

Sai sharaɗin da ake yawan yin taƙaddama a kai, wato abin da zai faru in ka saɓa ranar biya. A nan ya kamata ka yi wa mutumin adalci, shi ma yana da abin tsoro. Ana neman ya saki hukuncin miliyan 18 da ya sha wahala ya samu, ya karɓi alkawarin miliyan 7 da ba ta shigo ba tukuna. Lauyansa zai nemi a rubuta cewa in ka saɓa ko sau ɗaya, miliyan 18 ta dawo, a cire abin da ka biya kawai. Naka lauyan zai so a ce in ka saɓa, ragowar miliyan 11 ɗin ce za ta zama abin biya nan take gaba ɗaya, ya kuma iya zartarwa a kanta. Na biyun ya fi maka sauƙi nesa ba kusa ba, shi za ku fara nema. In suka kafe a kan na farkon, ra'ayina shi ne kada ka yarda sai da wa'adi: a ce sai an rubuto maka takardar tuni, an ba ka mako biyu ko wata guda, ka kasa, sannan sharaɗin ya hau kanka. Turawar banki kan maƙale, mutum kan kwanta ciwo, bai kamata jinkirin kwana biyu ya jawo maka asarar miliyan 7 ba.

Wata shawara ta musamman gare ka a matsayinka na ɗan kwangila: kada ka ɗora ranakun biya a kan kuɗin aikin da kake jira a biya ka. Kai ka fi ni sanin cewa takardar biya tana iya kai wata shida a kan tebur ɗaya. Ka zaɓi ranakun da za ka iya cikawa da abin da ke hannunka ko abin da za ka iya sayarwa, ko da za a ƙara tsawon lokacin. In kuma aka ce ka ba da cakin banki mai kwanan wata na gaba a matsayin tabbaci, ka yi tunani sosai. Dokar 1977 kan cakin da banki ya mayar saboda babu kuɗi ta mai da abin laifi, hukuncinsa ɗaurin shekara biyu. Bashin da yake maganar kotun farar hula sai ya koma maganar 'yan sanda da hannunka.

Maganar masu sa hannu kada a yi mata riƙon sakainar kashi. A duba sunan da ke kan hukuncin. In kamfaninsa ne ya yi ƙara, ba shi a karan kansa ba, to kamfanin ne zai sa hannu, kuma dokar kamfanoni ta 2020 ta nuna yadda ake yi: daraktoci biyu, ko darakta da sakataren kamfani, ko darakta ɗaya a gaban shaida. Surukin da ya shiga tsakani, komai girmansa, ba zai iya yafe kuɗin kamfani ba. Shi da liman su sa hannu a matsayin shaidu, wannan yana da kyau ƙwarai. Tunda kuma takardar da Turanci za a rubuta ta, in ɗayanku ba ya karanta Turanci, ko da malami ne a Larabci da ajami, a sa bayanin cewa an karanta masa an fassara masa da Hausa ya fahimta kafin ya sa hannu, tafintan ya rubuta sunansa da adireshinsa. Rashin wannan ɗan sakin layi ya sha ba mutane ƙofar cewa ba su san abin da suka sa wa hannu ba.

In ba a samu yin hakan ba

Wani lokaci ɗaya ɓangaren yakan ƙi, ya ce shi ba zai sake biyan lauya zuwa Kaduna ba. To akwai hanya ta biyu. A rubuta yarjejeniyar sulhun kamar yadda na bayyana, a sa hannu, ya yi alkawari a ciki cewa ba zai zartar da hukunci ba muddin kana biya. Lauyanka ya shaida wa kotu cewa ana kan sasantawa, ya nemi a ɗaga. Ka gama biya, ya ba ka takardar cewa ya karɓi haƙƙinsa cikakke ba ya bin ka komai a kan hukunci mai lamba kaza, sannan a shigar da takardar janyewa da sa hannun lauyoyin biyu. Haɗarin wannan hanya shi ne lokaci ba ya jiran sulhu. Mai ɗaukaka ƙara yana da kwana 45 ya shigar da rubutattun hujjojinsa bayan kundi ya isa, ɗaya ɓangaren kuma kwana 30 ya mayar da amsa. In lauyanka ya saki jiki saboda ana sulhu bai shigar ba, ana iya roƙon kotu ta kori ƙarar saboda rashin bibiya, sakamakon kuma ɗaya ne da janyewa. Ka tambaye shi ko ya shigar.

In kuwa Allah ya hore maka miliyan 7 ɗin a dunƙule, abin ya fi sauƙi. A haɗu a ofishin lauya, a tura kuɗi ya ga shigarsu a wayarsa, ya sa hannu a takardar karɓar cikakken haƙƙi, lauyoyi su sa hannu a takardar janyewa, duk a zama ɗaya.

Ga masu karatu da tasu shari'ar ta faro daga kotun majistare ko kotun shari'ar Musulunci, aka ɗaukaka zuwa Babbar Kotun Jiha, dokokin aikin sun bambanta da na Kotun Ɗaukaka Ƙara, amma hukuncin kotun farko yana nan daram bayan janyewa kamar yadda na faɗa, don haka tsarin bi da bi ɗin bai canza ba.

Asusun da aka riƙe, da maganar lauyanka

Janye ƙara a Kaduna ba zai buɗe maka asusu ba, hukuncin yarda ma shi kaɗai ba lallai ya buɗe ba. Umarnin riƙe kuɗin daga kotun da aka nemi zartar da hukunci ya fito, kuma banki ba ya aiki da labari, ko manajan abokinka ne. Irin wannan umarni mataki biyu ne. Na farko na wucin gadi ne, a ce wa banki ya riƙe kuɗin ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a miƙa su. Na biyu na dindindin ne, a ce ya miƙa wa mai bashi. In a matakin farko kuke, a rubuta cikin sulhu cewa lauyansa zai nemi a janye umarnin cikin kwanaki kaza, a karɓo kwafin sabon umarnin mai hatimin kotu a kai wa sashen shari'a na bankin. In an riga an kai mataki na biyu, kuɗin da aka cire sun zama nasa, sai a lissafa su cikin miliyan 11. Ana ma iya amfani da kuɗin da ke riƙe a biya kashi na biyu, in kun yarda, a sake maka ragowar. Haka nan in an taɓa sa ka ajiye kuɗi a hannun rajistaran kotu a matsayin sharaɗin dakatar da hukunci, sai an faɗi wanda za a ba, kotu ta yi umarni. In kuma a farkon rigimar ya taɓa kai ƙorafi wajen 'yan sanda, kamar yadda ake yawan yi duk da cewa doka ta hana kama mutum kan saɓa yarjejeniyar ciniki kawai, ya rubuta musu cewa an sasanta.

Zargin da kake yi wa lauyanka ba zan ce ba a samun irinsa a aikinmu ba, ana samu. Amma wanda ke son jan shari'a cewa zai yi kada ka yi sulhu, za mu ci nasara a Kaduna. Wanda ya ce dakata a rubuta, aikinsa yake yi. Ƙarar taka ce, in ka ba shi umarni a rubuce cewa ya janye zai janye, sai dai zai so ya ajiye shaidar cewa ya gargaɗe ka. Abin da ya fi shi ne ka zauna da shi ka ce ya faɗa maka aikin da ya rage da kuɗinsa a rubuce: tsara sharuɗɗan sulhu, shigar da su, zuwa Kaduna, da neman sakin asusu. Aiki ne mai iyaka, ana iya yanke masa farashi tun yanzu.

Ban ga hukuncin ba, ban ga umarnin da aka kai banki ba, kuma kalma ɗaya a cikinsu tana iya sauya wani abu daga abin da na faɗa, don haka lauyan da fayil ke hannunsa shi zai tsara maganar ƙarshe. Abin da ba ya buƙatar jira shi ne miliyan 4 ɗin nan. A makon nan ka je banki ka karɓo shaidar turawar mai hatimi, ka sa a rubuta 'yar gajeriyar takarda cewa ya karɓi miliyan 4 a matsayin kashin farko na sulhun miliyan 11 kan shari'a mai lamba kaza, saura miliyan 7, ya sa hannu, liman da surukin su sa a ƙasa. Kashi na biyu kuma kada ya fita daga asusunka sai an sa hannu a cikakkun sharuɗɗan, kuma in za ka tura, ka rubuta a wurin bayanin turawa cewa kashi na biyu ne na sulhu, da lambar shari'ar.